Ban Ce Uffan Ba, Shi Ya Rubuta Min Magana

Lokacin da korona ta sa aka kulle gari, ina shekarata ta biyu a wata kwaleji a Kuala Lumpur, ina zaune a unguwar Sri Petaling. Yarinya ce ni mai kunya, an sa min rana da wani ɗan unguwarmu a Kano, ana jiran in dawo a yi biki. Karatu ya koma ta waya, ba fita sai sayen abinci, zaman ɗaki ya ishe ni.

A benenmu akwai wani ɗan Najeriya mai karatun harkar fim, irin mutanen nan da ba su taɓa tsinana komai ba amma bakinsu ba ya gajiya da yabon kansu. Kullum labarinsa finafinan zamanin da, waɗanda ba a jin murya a cikinsu, sai dai a rubuta abin da ɗan wasa ya faɗa. Ya ce irinsu zai yi na kammala karatu, ya samu jaruma, saura mai mara mata baya. Wai fuskata ta dace, kuma tunda ba magana, ba abin da zan haddace. Na ce masa ni ba na wasan banza. Ya rantse da Allah cewa maƙwabciya zan fito, mai tausayi, mai kai wa marasa lafiya abinci.

Haka aka yi. In riƙo ledar abincin da aka sayo daga mamak, wato gidan abincin Indiyawa Musulmi, in ƙwanƙwasa ƙofa, in yi murmushi, in shiga. Ya ce in riƙa waige-waige kafin in shiga, kamar mai tsoron jami'an kulle. Ƙofofi daban-daban muka bi. Ko sau ɗaya bai zo min a rai in tambayi abin da zai rubuta ba.

Bayan 'yan watanni yayata ta kira ni, tana tambayar abin da ya kai ni Malesiya, karatu ko wani abu. Sannan ta turo min fim ɗin. A rubutunsa ni ce mai bin ɗakunan maza lokacin kulle tana raba musu cuta, jarumar kuwa matar kirki ce da na kashe wa miji. Ƙarƙashin murmushina ya jera kalaman da ba zan iya maimaitawa ba. Wani ya yanko inda na fito, ya mayar da rubutun Hausa, yana yawo a wayoyin mutanen unguwarmu.

Na haura na same shi yana cin shinkafa, ko cokalin bai ajiye ba. Ya ce, "Haba ƙanwata, fasaha ce fa. Da na gaya miki, da fuskarki ba ta fito yadda nake so ba." Ya ƙara da cewa ai ko sunana bai sa ba. Na tsaya ina kallonsa, maiƙo a leɓe, wai shi ne mai fasaha. Sai da wani malami dattijo cikin 'yan uwanmu 'yan Najeriya da ke can ya ja masa kunne ya goge fim ɗin, bayan ya gama zagaya Kano.

Shi kuwa wanda zan aura, mutumin da ya san ni tun ina zuwa Islamiyya, ko kirana bai yi ba. Gwaggonsa ya tura ta karɓo kayan sa rana. Na yi kuka a lokacin, yanzu kuwa godiya nake wa Allah da ya raba ni da namijin da rubutun wani sakarai ya isa ya sauya masa zuciya. Baba ne kaɗai ya ce ya san 'yar da ya haifa, in zauna in gama karatuna. Na gama.

Abin da na koya shi ne yin shiru ba ya wanke mutum idan wani ne zai yi magana a madadinsa. 'Yan uwana mata, musamman masu karatu a waje, duk wanda ya ɗaga muku kyamara ya ce ba sai kun ce komai ba, ku tambaye shi me shi zai ce. In ya fara kame-kame, ku juya ku bar shi da fasaharsa.