Takardar da Labaran Ya Kai Kuru

Shekara goma sha takwas ina gyara wa Labaran tifa a garejina na Gada Biyu, ban taɓa ganin mai zurfin ciki irinsa ba. Direban yashi ne, ƙato, muryarsa kamar fasasshiyar salansar mota. A zamaninsa shi kaɗai yake ɗaga tayar tifa ya jingina ta da bango, mu huɗu muna tsaye muna kallo.

Wajen 2004 jikinsa ya fara saki. Tumbi ya fito, damtse ya zube. In ya kawo gyara sai ya miƙe a benci ya yi ta gyangyaɗi da rana tsaka. Muka yi ta tsokanarsa wai tuwon matarsa Maimunatu ne ya yi masa yawa, shi kuma yana yaƙe. Ashe abin har ɗaki ya kai, sha'awar iyali ta ɗauke masa ɗif. Wannan sai bayan shekaru ya gaya mini.

Da farko ya ce sanyin Jos ne ya shige shi. Da jiƙe-jiƙen sanyi suka ƙi, ya ce basir ne. Babu motar mai magani da lasifika da bai tsayar ba. Abokan da zai iya yi wa raɗa sun bar unguwarsu Tudun Wada tun rikicin 2001, majalisar ƙofar gidansa ta koma daga shi sai rediyo. Matar da suka yi shekara ashirin da shida tare kuwa, gara ya mutu da ya buɗe baki ya gaya mata. Sai ya naɗe shimfiɗarsa ya koma ɗakin zaure, wai minsharinsa yana damunta.

Maimunatu ta yi lalle, ta yi turare, ta sauya girki. Shiru. Ta tambaye shi laifin da ta yi, ya ce babu. Da 'yarsu ta fari, Rahma, ta haihu a Kuru, ta tafi taya ta jego na kwana arba'in. Wata bakwai ba ta dawo ba, shi ma bai ce ta dawo ba. Ya koma shayi da burodi, yana wanke kayansa da kansa. Wallahi haushinsa nake ji, tausayinsa kuma ya hana ni magana.

Ciwon baya ne ya kai shi wurin Dokta Alabi, wani likita Bayarabe. Likitan ya yi masa tambayoyin da ba a taɓa yi masa ba, ya ce ya dawo da sassafe a ɗebi jini, don a lokacin ne sinadarin maza, wanda suke kira testosteron, ya fi yawa a jiki.

"Oga Labaran, ba sanyi ba ne," in ji likitan da sakamako ya fito. "Naka ya sauka sosai. Shekaru suna rage shi kaɗan-kaɗan, amma tumbi, da suga, da minshari da yake ɓata maka barci, da wannan ƙwaya mai ƙarfi da kake sha don baya, su suka gama shi. Akwai magani. Ka zo da madam in yi mata bayani."

Labaran ya fito da takardar kamar an ba shi kujerar Makka. Ranar Asabar ya sayi buhun dankali ya nufi Kuru. Dabararsa ita ce ya miƙa wa Maimunatu takardar ta faɗi abin da bakinsa ya kasa. Don ɗoki bai tuna cewa matarsa allo ta yi, ba boko ba.

Ta shimfiɗa masa tabarma a tsakar gida, suka gaisa kamar surukai. Ya zaro takardar ya miƙa mata. Ta juya ta gaba, ta juya ta baya. Turanci ne da lambobi.

"Rahma!" ta ƙwala kira. "Zo ki karanta mini abin da babanki ya kawo."

'Yar fari ce, ko sunanta Labaran ba ya kamawa don kunya. Ga ta nan ta fito tana goge hannu da zani. Ya yi wuf ya fizge takardar ya cusa a aljihu.

"Bar shi kawai. Takardar mota ce, kuskure na yi."

Maimunatu ta dube shi.

"Tun daga Jos, Malam, takardar mota ka zo nuna mini?"

"E."

"To. Allah ya kiyaye hanya," ta ce, ta tashi ta shige ɗaki wurin jikanta.