Hubbaizar da ke Wajen Kansa

Lokacin sanyi ne, shekarar da aka yi ruwa a Madina har kwarin Ranuna ya kawo. Mutane na ta zuwa kallo. Ni ban je ba, sanyin ma ban ji shi ba. A shekarar autana ya rasu, ko yaye shi ban yi ba.

Maza suka kai shi maƙabartar Baƙi'a. Mata ba sa shiga, kuma can ba a rubuta suna, dutse kawai ake ajiyewa, na kowa iri ɗaya. Da mijina ya dawo na ba shi ruwa, sannan na tambaye shi ta ina aka sa yaron. Ya ce ta gabas, kusa da katanga, akwai ma wata hubbaiza da ta tsiro daidai wajen kansa, da 'yan furanninta fari-fari.

Na san hubbaiza. Dangin rama ce, bayan ruwa muke tsinko ta a kango mu yi miya. Na kuma san ba ta daɗewa, zafi na shigowa take bushewa iska ta kwashe. Sai na roƙe shi ya koma tun tana nan, ya duba wani abin da ba ya gushewa, ko ginshiƙi ko kwanar hanya, don in san inda zan riƙa fuskanta daga waje.

A gonar dabino yake aiki wajen Ƙuba, kafilinsa, wato ubangidansa, ba ya sakinsa sai Juma'a. Juma'o'i suka wuce kafin ya samu ya shiga. Ranar ya dawo gab da magariba, ya zauna a bakin ƙofa bai cire takalmi ba.

"Hajiya, hubbaizar ta cika wurin," ya ce. "Ko'ina ita ce."

Na tambaya ko bai gane waccan ɗin ba. Ya ce ya yi ta zagaye har aka zo rufe ƙofa, kuma Allah ya san inda yaron yake. Na ce haka ne. Babbar 'yata ta tambaya da Larabci ko ta kawo shinkafar. Na ce ta kawo. Muka ci.

Washegari bayan Asuba na bi ta gabas, na tsaya jikin katangar, na leƙa ta tsakanin ƙarafa. Kore ne tsakanin duwatsu, tattabaru na kiwo. Na zaɓi hubbaizar da idona ya faɗa wa, na yi sallama, na kira sunansa a hankali. Daga nan na sayi burodin tamis na koma gida, yara suna da makaranta.