Faɗan Hajja Amuna da Muka Mayar Cikin Fim

Har gobe ina tuna ranar da aiki ya kai ni wani ƙauyen Hausawa kusa da Hasahisa. Lokacin ina mai tace hoto a ƙaramin kamfaninmu na Wad Madani, wato ni ke yanke abin da aka ɗauka in jera shi ya zama fim.

Mun yi wani fim na barkwanci a kan ɗan takara mai rabon alƙawari. Da ya karɓu, shugabanmu Ustaz Bashir ya ce a fitar da dogonsa na kallon gida, a mayar da abin da aka yanke.

Cikin abin da aka yanke akwai wata tsohuwa, Hajja Amuna. Ana ɗaukar taron ɗan takarar a bakin tur'a, magudanar ruwan gonaki, ta kutso, ta zaci na gaske ne. Ta kama masa hannun riga ta ce, "Wanga alƙawali mun jiya shi tun kana goye. Ruwa muka so ga gona!" An cire wurin saboda da Hausa ta yi, fim ɗin kuwa na Larabci ne.

Ƙa'idarmu, wanda ba ɗan wasa ba ne ba a saka shi sai da yardarsa. Ustaz ya ce, "Je ka tambaye ta. In ta ƙi, goge."

Na tarar da Hajja Amuna kwance, shanyewar jiki ta ɗauke mata magana. Da na faɗi abin da ya kawo ni, ɗanta Usman ya ɓata rai. "Uwar tawa za ku mayar abin dariya?"

Na ce, "Malam Usman, ku kalla tukuna."

Na kunna. Muryarta ta cika ɗakin. Jikoki suka matso, wata tana tambayar babanta Usman da Larabci me kaka take cewa. Ya fara fassara mata. Hajja kuwa kafaɗunta na rawa don dariya. Ta ɗaga hannun da ke motsi, ta juya yatsa: a sake.

Da zan tafi Usman ya rako ni. Ya ce, "Ku saka. Amma kada a ɗora mata waƙa, a bar muryar a fili."

Haka na yi. Tun ranar, in zan yanke maganar mutum sai na adana ta gefe, don ban san gidan da za a neme ta ba.