'Yar Jirgin Gimba

A gidan suna, bayan Kasuwar Ochanja ta Onica, Bashira ta fara jin sunan. Ta kai wa wata dattijuwa ruwan wanke hannu, sai matar ta kama haɓarta tana dubawa, ta ce, "Hannatu, wannan ba ita ce 'yar jirgin Gimba ba? Ikon Allah, har ta zama budurwa!" Hannatu, mahaifiyar Bashira, ta ɗaure fuska ta ce a bar zancen. Tun daga ranar Bashira ta shiga bin tsofaffi da tambaya, sai da ta harhaɗa labarin.

Ashe a tsibiri aka haife ta, wani tudun yashi a tsakiyar Kwara, tsakanin Onica da Asaba, inda masunta da masu haƙar yashi suka kafa bukkoki. A wajen gwamnati tsibirin biyu ne. Ranar zaɓe rabin mutanensa su haye gabas, rabi su haye yamma, kowa da mazaɓarsa, kuma ba kansilan da ya taɓa jiƙa ƙafarsa ya zo.

Gimba masunci ne daga Yawuri, dogo, maganarsa ba yawa. Shi ya raba tsibirin unguwa uku, amma ba da ƙasa ya raba ba. Cewa ya yi ƙasar da ruwa ke sake wa fasali kowace damina ba a ja mata iyaka. Manyan jirage uku ne a tsibirin, kowane jirgi shi ne unguwa: wanda zai ɗauke ka ranar ambaliya, nan ne unguwarku, ko da bukkarka na wancan ƙarshen. Idan ruwa ya janye sai a fito kan yashi a zaɓi masu jirage, ƙato bayan ƙato, har mata suna layi da goyo. Gimba kansa ya taɓa faɗuwa, ya miƙa filafili ga wanda ya kayar da shi, samari na yi masa eho, ya koma gyaran koma abinsa.

Doka ɗaya ce ba ya sassautawa: gida ɗaya ba ya cika jirgi ɗaya. Uwa mai 'ya'ya biyu, ɗaya nata, ɗaya na wani jirgin. An ce da ƙuruciyarsa ya ga abin da ya sa shi faɗin haka, bai dai taɓa ba kowa labarin ba. Mata kan yi dariya su ce, "To Baba, Allah ya kai mu," don ba wadda ta ɗauka ranar za ta zo.

Ta kuwa zo, da hantsi. Ya'u, mahaifin Bashira, yana Ochanja yana tura baro. Ruwa ya kai gwiwa a cikin bukka lokacin da Hannatu ta fito, Bashira a goye, Musaddiq ɗan shekara huɗu a hannu. Ta nufi jirginsu, sai ga Gimba ya tare hanya.

"Kwance ta, Hannatu."

"Baba, nono take sha!"

"Matata Kulu na da hannu. Kwance."

"Wallahi sai dai mu nutse tare!"

"Abin da nake gudu ke nan, 'yata."

Ya sa hannu ya warware majanyin da kansa, abin da namiji ba ya yi wa matar wani, ya miƙa jaririyar ga Kulu, ya tura jirginsa. Waɗanda suka ga abin sun ce ihun Hannatu har ƙarar ruwan ba ta danne shi ba.

Jirgin Gimba ya isa gaɓar Onica lafiya. Na su Hannatu kuwa ya hau kututturen da ruwa ya ɓoye, ya kife. Ta damƙi Musaddiq da hannu ɗaya, ɗayan ta rungumi jarka, ruwa ya yi ta jan su har masu kwale-kwale suka tsamo su can ƙasa da gadar Onica. Kowace uwa a jirgin nan ɗa ɗaya gare ta, kuma kowacce ta fito da nata. Sai bayan la'asar aka haɗa Hannatu da 'yarta. Ta karɓe ta, tun ranar kuma ba ta sake gaishe da Gimba ba.

Tsibirin bai ƙara fitowa yadda yake ba, mutanensa suka watse. Da Bashira ta gama sakandare ta samo inda tsohon yake, a unguwar Uwani ta Inugu, wajen ɗansa Muhsin mai sayar da busasshen kifi. Idon tsohon ya tafi. Ta durƙusa ta gaishe shi, ta ce godiya ta kawo.

Ya shafa kanta ya yi murmushi. "Ke ce mai cizon? Kulu ta sha haƙoranki biyu har gaɓa." Sannan ya ce, "Ajiye godiyar. Ko yau ruwa ya zo, haka zan yi. Amma na taɓa majanyin uwarki tana kuka, ga shi tafiya ta matso. In kin koma, ki bari sai ta ci abinci ranta ya yi sanyi, ki ce Gimba na roƙon ta yafe masa."