Shari'ar Filin Baba Ta Koma Farko

A shekarar da sojoji suka miƙa mulki, shari'ar filin Babanmu ta riga ta shekara shida a babbar kotu. Ina koyarwa a wata firamare a Barnawa lokacin, kuma da yake ni ce babbar 'yarsa, ni nake raka shi duk ranar zama. Baba ya yi aikin masaƙa a Kakuri har ƙarar injina ta kashe masa kunne ɗaya. Filin yana Mahuta. Ya saye shi a hannun wani tsohon manomi, ya zuba harsashi, ya ɗora bulo layi uku, sai ga wani ɗan kwangila da takarda, wai ɗan tsohon ya riga ya sayar masa. Tsohon ya rasu, ɗan kuma ya bar gari. Kotu ta ce kada kowa ya ƙara bulo ko ɗaya.

Babban shaidarmu wani kafinta ne mutumin Filato, abokin Baba, wanda ya riƙe igiyar awo ranar ciniki. Lauyan ɗan kwangila ya yi ta juya shi wajen awa biyu, bai sauya magana ba. Shi kuwa ɗan kwangilar ya kawo shaidu uku da suka rantse sun ga nasa cinikin.

Muka yi nasara da damina. Mama ta dafa gwaten acha tukunya guda, ranar Lahadi muka fita gaban coci muka yi godiya. Ba a yi wata ba takardar ɗaukaka ƙara ta iso gida.

Shekara uku muna ƙetare gada zuwa kotun ɗaukaka ƙara. A can ba a kiran shaida, lauyoyi ne kawai da tulin takardu. Baba yakan sa babbar rigarsa ya zauna a bencin baya ya karkato kunnensa mai ji, amma Turancin ya fi ƙarfinsa, ni ma rabi nake kamawa. Yau a ɗaga saboda alƙali ɗaya ya yi tafiya, gobe saboda ba a gama buga bayanan ƙaramar kotu ba. Hedimastanmu ya gaji da ba ni izini har ya fara tambayata ko lauya na koma.

Ranar hukunci alƙalai uku suka zauna, na tsakiya ya yi karatu mai tsawo. Na ga lauyarmu ta ajiye biro ta jingina da kujera. Da muka fito, Baba ya tare ta a gindin wata bishiya inda ake ajiye motoci.

"Barista, mun ci ko an ci mu?"

"Baba, ba ku ci ba, ba a kuma ci ku ba. Sun ce a koma a sake shari'ar daga farko, gaban wani alƙali."

Ya juya mata ɗaya kunnen, kamar laifin na kunnen ne. Ta maimaita.

"Ni na yi ƙarya?"

"A'a, Baba."

"Takardata ce ba ta da kyau?"

"Ba su ce haka ba. Alƙalin farko ne bai rubuta dalilin da ya sa ya yarda da kafinta ya ƙi yarda da mutum ukun can ba. Ya ce kun yi nasara kawai. Ranar da ya je ya duba filin ma bai rubuta abin da ya gani ba."

Na ce, "To su da suka gano kuskuren, me zai hana su gyara?"

Ta ce da takardu ne kaɗai a tsakani da sun duba sun yanke da kansu. Amma wannan magana ce ta wa za a gaskata, su kuwa ba su ga fuskar kowa ba, ba su ji wanda ya yi in-ina ba. Idan suka tabbatar mana, sun zalunci wancan. Idan suka kori ƙararmu, sun zalunce mu a kan kuskuren da ba namu ba. A irin wannan halin ne suke mayar da shari'a baya.

Bayaninta ya shiga kaina sarai, abin da ya ƙara ba ni haushi ke nan, don na rasa wanda zan yi wa faɗa. Alƙalin da ya bar giɓin ya yi ritaya yana gidansa. Kafinta kuwa mun binne shi shekara guda kafin nan.

Sabuwar shari'ar ta ci shekara biyu. Lauyarmu ta sha fama kafin a yarda a karanta tsohon bayanin kafinta. Magatakarda ya karanta shi da sauri kamar jerin sunaye, na zauna ina jin kalmomin mutumin ba muryarsa. Biyu daga cikin shaidun ɗan kwangila suna nan da ransu, sun kuma san tambayoyin tun zagayen farko. Da aka kira Baba, sai ya rikita shekarar ciniki da shekarar da aka haifi ƙanwata. Lauyan can ya bi ta nan ya yi ta nanatawa. Da muka sauka daga motar haya a Kakuri, Baba ya juyo gare ni.

"Ba zan ƙara tsayawa a akwatin shaidar nan ba," in ji shi.

Dattawan cocinmu da mai unguwar Mahuta ne suka zaunar da mu da ɗan kwangilar don sulhu. Ɗan kwangilar ma ya tsufa, ciwon suga ya ci ƙarfinsa. Aka raba filin biyu, kotu ta sa hannu cikin minti goma. Layin iyaka ya ratsa tsakiyar harsashin Baba, dole aka fasa shi.

Ƙanena ya gina ɗaki biyu a rabin da ya rage mana, ya sa 'yan haya. Baba ya ƙi tarewa, ya ce ƙafarsa ta saba da Kakuri. Sau ɗaya na kai shi ya ga ginin. Ya zagaya, ya ce tagogin sun yi ƙanana, muka dawo gida.