Ruwa a Bakin Aku

Tun yana goye aka san bakin nan ba zai huta ba. Kakarsa ce ta laƙaba masa Aku, sunan ya bi shi har furfura. Ubansa kuwa mai gyaran agogo ne, mutumin da zai wuni a rumfa da gilashi manne a ido ɗaya, ba ka jin komai daga gare shi sai "gobe ka dawo". Albasa dai ba ta yi halin ruwa ba.

Aku ya taɓa sana'a ta fi biyar, babu wadda ta zaunar da shi. Ya yi tallar magani da lasifika, ya yi kiran fasinja a tasha, har ranar da gidan rediyo ya nemi mai karanta gaisuwa. Ranar farko injiniyan sauti, wani dogo mai fama da ciwon baya, ya nuna masa wani baƙin akwati a ƙarƙashin tebur.

"Ka ga wannan? In aka yi shiru na daƙiƙa bakwai, da kansa zai sako kiɗa, yana zaton mun mutu. Daga nan sai manaja ya sauko."

Faɗuwa ta zo daidai da zama. Ba a daɗe ba aka ba shi shirin safe, wanda mutane ke bugo waya suna kukan ramin titi da famfon da ba ruwa. Shekara ashirin da biyu yana kan kujerar nan, akwatin bai taɓa sako kiɗa a kansa ba, kuma da wannan yake taƙama. Mai kira ya ja numfashi, Aku ya cike gurbin. Mai kira ya yi in'ina, Aku ya ƙarasa masa. In ya ƙirga uku a zuci bai ji murya ba, sai ya danna maɓalli: "Layi ya tsinke, wa muke da shi?" Ido a agogo, ƙafa na rawa ƙarƙashin tebur kamar ta mai keken ɗinki.

A gida ma bai sauya zani ba. Matarsa, wadda tela ce mai baki kamar almakashinta, takan ce, "Ni ba aure na yi ba, rediyo na saya, kuma aka manta ba a sa masa wurin kashewa ba."

Sai gidan rediyon ya koma hannun wani mai son kiɗa zalla. Aka tara ma'aikata, aka tafa wa Aku, aka miƙa masa agogon bango na sallama. Ɗan mai gyaran agogo fa. Kwana huɗu ya yi a gida yana zarya daga falo zuwa ƙofa, yana yi wa kyanwa sharhin labarai. A na biyar ya kwashe tarkacen ɗakin ajiya, ya jingina tsofaffin katifu a bango, ya manna kwalin ƙwai a rufi, ya kafa makirfo biyu da kwamfuta. Fodkas zai yi, wato shirin da ake naɗa a ɗora a waya, kowa ya saurara sa'ad da ya ga dama. Nan babu manaja, babu baƙin akwati. Amma akwatin ya riga ya tare a kansa.

A lokacin ubansa, Baba, ya dawo gidan da zama, bayan ɓarin jikinsa ya shanye. Kalma ɗaya sai ya lalubo ta kamar ƙaramar kusa da ta faɗi ƙasa. Ya ce, "Ina son..." sai Aku ya tare: "Shayi? Magani? A buɗe taga?" Tsohon ya dube shi, ya juya fuska bango. Wata biyu bai sake buɗe masa baki ba. Likita kuma ya ce muryar tafiya take yi, abin da za a ji a ji shi yanzu.

Matar ce ta tsare shi a bakin ƙofa. "Malam, Baba na da magana da kai. Ya ce ba ni zai gaya wa ba."

"To ai sai ya faɗa, wa ya hana shi?"

Ta dube shi sama da ƙasa, ta koma kan kekenta.

Aku ya turo kujerar Baba ɗakin katifu, ya kunna na'ura. Minti arba'in suka yi, ya fito yana murna hira ta yi daɗi. Da ya zauna tace sautin sai ya ga zanen muryoyinsu, layi biyu a fuskar kwamfuta. Nasa cunkus kamar haƙoran mataji. Na Baba miƙe kamar igiyar shanya, da ɗan ƙulli nan da can. Ya sa abin sauraro a kunne ya ƙirga: kalma tara. Uku daga ciki "ka bari" ne da "to".

Washegari da suka sake zama gaban makirfo, matar ta shigo da kofi cike da ruwa.

"Guntsa. Kada ka haɗiye, kada ka tofar."

"Haba, ni yaro ne?"

"Yaro ai ya fi ka, shi yana barci."

Ya guntsa. Ta tsaya a bayansa, hannu bisa kafaɗarsa.

Baba ya daɗe yana kallon makirfo. Aku ya ƙirga bakwai. Ya ƙirga sha huɗu. Ƙafarsa ta kama rawa har tebur na motsi. Ruwan ya yi ɗumi a bakinsa.

"Shekarar da... aka ba ka... shirin safe," in ji Baba. Shiru. "Na kira."

Aku ya ɗago kai.

"Wata uku... ina neman layi. Ranar da ya shiga... ina gyara murya... ka ce... ya tsinke." Tsohon ya huta. "Bai tsinke ba."

Tambaya goma ta taso wa Aku a maƙogwaro, har ruwan ya nemi fita ta hanci. Matar ta danne kafaɗar. Fanka na juyawa, wani mai mota na ta hon a titi, ɗakin kuma shiru har minti guda da rabi. Bai taɓa sanin minti na da tsawo haka ba.

"Cewa zan yi... agogonku... yana gaba. Da minti biyu." Gefen bakinsa mai lafiya ya ɗan motsa. "Kuma... ina jin ka. Kullum. A rumfa."

Ruwan ya wuce da kansa. Baki ya samu sarari, amma Aku ya nemi abin cewa ya rasa. Matar ta ɗauke kofi ta fita, tana share ido da gefen mayafi, tana faɗa da ƙura.

Da ya zo tacewa, hannunsa ya kai kan wuraren shirun nan ya fi sau goma zai yanke, don haka ya saba. Ya tashi, ya zaga ɗaki, ya dawo, ya sake tashi. Ƙarshe ya ɗora shirin yadda yake. Masu sauraro suka yi ta rubuto masa cewa wayarsu ta lalace, wani har ya kai tasa wurin mai gyara.

Ba a ce Aku ya shiryu ba, mai hali ba ya fasa halinsa. Har yau yana katse baƙi, ƙafar nan kuma ba ta daina rawa ba. Sai dai kofin yana nan kusa da makirfo, matar na cika shi kowace safiya ba ta ce komai ba. In aka ji daga ɗakin tsohon an ce, "Aku..." sai ka gan shi ya taho da sauri, kofi a hannu, kumatu a kumbure.