Garin Jirgin Ƙasa da Ya Riƙe Yayana

Ana kiran assalatu muka bar Cheras, unguwar da nake zaune a Kuala Lumpur, ni da wani abokin karatuna, za mu taron jami'o'i a Denmark. Shi taron ne ya kai shi. Ni kuwa da saƙon Umma na tafi: in nemo yayana Sadisu, wanda ya tafi can karatu tun ina firamare, ya auri 'yar ƙasar, zumunci ya yi ta sirancewa har waya ta yanke. Ta ce ko muryarsa ce in kawo mata.

Da aka tashi taro na hau jirgin ƙasa ni kaɗai, zuwa garin da muka san yana zaune kafin waya ta yanke. Gonaki shimfiɗe iya ganinka, shanu sun fi mutane yawa. Shayin da na saya a tashar farko, kuɗinsa zai ciyar da gidana kaf a shagon mamak, irin gidan abinci mai araha na Kuala Lumpur.

Garin ɗan mitsitsi ne, albarkacin layin dogo ya kafu: tasha, coci, kanti, sai gidajen jan bulo. A zauren tasha an jera hotunan 'yan garin da suka yi suna. Ga ɗan tseren keke, ga wata mai zane, ga wani da ya taɓa yin minista. Can a gefe sai ga yayana cikin farar riga. Wani dattijo ya ga na ƙura ido, ya ce ai likitansu ne, babu gidan da bai shiga ba. Ya ce yanzu ba shi da lafiya, ya kwatanta mini inda ake jinyarsa.

Matarsa ta tarbe ni da baƙin burodi mai tsami da kifin da bai ga wuta ba, na haɗiye don kunya. Ta ce bara ɓarin jikinsa ya shanye, ƙwaƙwalwa ta taɓu.

Na durƙusa gabansa. “Yaya, Kabiru ne, autan Umma. Tana gaishe ka.”

Ya yi mini fara'ar da likita kan yi wa baƙon majinyaci, ya kamo hannuna yana jin bugun jini, ya yi magana da yarensu. Matar ta fassara: wai ina ke mini ciwo?

Na kunna masa muryar Umma a waya, tana kiransa da sunan alkunyar da ta sa masa. Ya saurara har ƙarshe, sannan ya ce a gaya wa baiwar Allan nan ta zo asibiti da safe.

Cikin ruwan sama na sauka Kuala Lumpur. Abin da na gano shi ne, mutum kan zama abin alfaharin wani gari alhali ya ɓace wa gidansu, ba da faɗa ba, da “sai baɗi” kawai. Ni ma tun zuwana nan abin da nake ta faɗa ke nan.

Jiya Umma ta kira, ta ce, “Ya gane muryata?”

Na ce mata ba shi da lafiya, amma ya saurara har ƙarshe. Sai ta ce, “To, Allah ya ba shi lafiya,” ta kashe.